Kyamarar da ke cikin allon nuna hanya: nazarin lamarin Cadillac Fairview a Kanada

A watan Yulin 2018, wani allon nuna hanya a rukunin kantunan Chinook Centre da ke birnin Calgary, a lardin Alberta na ƙasar Kanada, ya samu tangarɗa. Irin dogon allon nan ne mai haske da ake kafawa a mararrabar hanyoyi cikin manyan kantuna, wanda mutum zai taɓa da yatsa ya nemo inda shagon takalma ko wurin cin abinci yake. Wata taga ce ta buɗe a fuskar allon tana nuna rubutun da ma'aikatan kwamfuta kaɗai ya kamata su gani, kuma a cikin rubutun akwai sunayen manhajojin nazarin fuska. Wani mai wucewa ya ɗauki hoto ya sa a intanet, 'yan jarida suka bi sawu, kamfanin da ya mallaki wurin ya amsa cewa lallai akwai kyamara a cikin allunan.

Kamfanin shi ne Cadillac Fairview, ɗaya daga cikin manyan masu gine-ginen kasuwanci a Kanada, kuma mallakar asusun fanshon malaman makaranta na lardin Ontario ne. Shi ke da Eaton Centre na Toronto, da Pacific Centre na Vancouver, da Polo Park na Winnipeg, da Carrefour Laval da ke kusa da Montreal. Hukumomi uku ne suka haɗa hannu suka binciki lamarin: ofishin Kwamishinan Kare Sirri na tarayya na wancan lokaci, Daniel Therrien, da takwararsa ta Alberta, Jill Clayton, da na British Columbia, Michael McEvoy. Binciken ya ɗauki fiye da shekara biyu, rahoto ya fito a ƙarshen Oktoban 2020.

Abin da allon yake yi da fuskar mai wucewa

Mai rukunin kantuna ba kaya yake sayarwa ba. Hayar shaguna yake bayarwa, yana kuma sayar da filin talla. Duka biyun farashinsu ya dogara ne kan su wa ke bi ta wurin: mutum nawa, maza ko mata, matasa ko dattawa, da ƙarfe nawa. Wannan ne ya sa aka saka ƙananan kyamarori a jikin allunan, a inda ido ba ya kai wa gare su da sauƙi, aka haɗa su da wani tsari da kamfanin ke kira AVA, wanda a cewarsa nazarin bidiyo ne da ba ya gane kowa. Wani kamfani dabam mai suna Mappedin, da ke yin taswirar cikin gine-gine, shi ya samar da manhajar. An yi gwaji a kantuna biyu na Toronto a 2017, sannan aka kunna tsarin a kantuna 12 a larduna biyar daga Mayu zuwa Yulin 2018.

Aikin yana tafiya ne daki-daki, kuma sai an bi shi a hankali kafin a gane inda matsalar take. Da farko manhajar tana duba abin da kyamara ke gani tana neman siffar fuskar mutum. Ba ruwanta da ko mutumin ya taɓa allon; duk fuskar da ta shigo inda kyamarar ke hange ta shiga lissafi, har da ta wanda ke tsaye a baya yana jiran matarsa. Idan ta samu fuska sai ta yanko ta a matsayin hoto, ta riƙe shi a ƙwaƙwalwar na'urar na ɗan ƙanƙanin ɓangare na daƙiƙa. A wannan ɗan lokacin ne ake yin mataki na uku, wanda shi ne zuciyar lamarin: ana mayar da hoton jerin lambobi da ke wakiltar siffar wannan fuskar. Daga nan sai a yi hasashen shekaru da jinsi, a share hoton, sabon hoto ya hau gurbinsa.

Jerin lambobin nan ba abu ne mai wuyar fahimta ba. Fitacciyar manhajar FaceNet, wadda masu bincike na Google suka wallafa a 2015, tana mayar da kowace fuska lambobi 128. Ba a tsara lambobin don ɗan Adam ya karanta ba. An tsara su ne ta yadda hotuna biyu na mutum ɗaya za su ba da jeri biyu masu kusanci da juna, ko da ɗaya an ɗauke shi da safe ɗaya da dare, hotunan mutane biyu daban kuma su ba da jeri masu nisa. Gane fuska da kwamfuta ke yi bai wuce auna wannan tazara ba. Idan ta gaza wani ƙayyadadden adadi, sai a ce mutum ɗaya ne.

To, a nan ne hujjar kamfanin ta farko ta gamu da cikas. Cadillac Fairview ya tsaya kan cewa ba ya adana hoton kowa, don haka bai tattara bayanan sirrin kowa ba. Gaskiya ne hotunan ba sa daɗewa. Amma tela ma ba ya ajiye hoton mai ɗinki, awonsa yake rubutawa a littafi, kuma awon ya ishe shi. Bambancin shi ne awon kafaɗa da tsawon hannu mutane da yawa na iya tarayya a kai, lambobin fuska kuwa an ƙirƙire su ne musamman don su bambanta mutum da sauran jama'a. Kwamishinonin sun yanke cewa ɗaukar hoton kansa, komai gajartar lokacin, tattara bayanan mutum ne, kuma mayar da shi lambobi wani sabon tattarawa ne na bayanan halittar jiki, dangin zanen yatsa da ƙwayar ido. Hasashen shekaru da jinsi, in da shi kaɗai aka ajiye, da wuya a ce yana nuna wani mutum. Amma an ajiye shi ne tare da lambobin fuskar, da wurin da allon yake, da lokacin da aka ɗauka, don haka shi ma ya zama bayani a kan wani takamaiman mutum.

Adalci ya sa a faɗi cewa masu binciken ba su sami shaidar cewa kamfanin ya yi amfani da lambobin wajen gano ko wane ne wani mai sayayya ba. Babu sunaye a tare da su. Abin da suka nuna shi ne kayan aikin yin hakan sun riga sun taru: duk wanda ya samu wannan rumbu, yana kuma da hoton wani mutum daga Facebook ko katin shaida, zai iya sarrafa hoton da irin wannan manhaja ya nemi jerin da ya yi kusa da shi, ya ga a wane kanti aka ga mai fuskar da kuma yaushe.

Rumbun da babu wanda ya san da shi

Abin da ya fi tayar da hankali a rahoton ba a jikin allunan aka gano shi ba. Da masana kwamfuta na hukumomin suka bincika na'urorin, sai suka tarar da lambobin fuska guda 5,061,324 a ajiye a kan wata babbar kwamfutar ajiya ta Mappedin wadda an ma daina aiki da ita. Cadillac Fairview ya ce bai san da wannan rumbu ba. Da aka tambayi Mappedin dalilin tara su, bai iya ba da amsa ba. Abin da ya ce shi ne wanda ya rubuta wannan ɓangare na manhajar ya bar aiki da kamfanin.

Ya kamata a karanta adadin da kyau. Ba mutum miliyan biyar ba ne lallai, domin wanda ya wuce gaban allo sau uku a yini zai iya barin jeri uku ko fiye. Duk da haka, an tara wannan adadi ne cikin ɗan lokaci kaɗan, kuma ba don wata buƙata ba. Wannan shi ne abin da muke ganin ya fi cancantar a tsaya a kansa. Don a gaya wa mai talla cewa yawancin masu tsayawa gaban allon hawa na biyu da yamma mata ne matasa, ba a buƙatar ajiye lambobin fuskar kowa. Ana iya yin hasashen a cikin na'urar, a ƙara ɗaya a kan ƙidaya, a watsar da sauran nan take. Abin da za a aika waje sai ya zama jimla kawai. A nan kuwa lambobin sun bar allon, sun bi intanet, sun sauka a kwamfutar wani kamfani, sun zauna.

Yadda irin wannan ke faruwa sananne ne ga duk wanda ya taɓa aikin haɗa manhaja. Lokacin gwaji, mai rubuta manhaja yakan sa ta riƙa adana duk abin da take fitarwa domin ya ga inda take kuskure. Idan an gama gwaji ya kamata a kashe wannan, amma sau da yawa ba a kashewa, saboda babu abin da zai lalace idan an bar shi, kuma babu wanda aka ɗora wa alhakin dubawa. Sai mutumin ya canza wurin aiki, a sauya kwamfutar ajiya da sabuwa, tsohuwar ta zauna da abin da ke cikinta. Shi kuma mai kanti abin da yake gani shi ne shafin rahoto mai zane-zanen ƙidaya, kuma takardar da dillali ya ba shi ta ce ba a adana komai. Bai taɓa buɗe rumbun ya ga ginshiƙan da ke ciki ba. A dokar Kanada wannan ba uzuri ba ne: kamfanin da ya sa a yi masa aiki shi ke da alhakin bayanan da aka tattara a madadinsa, ko a kwamfutar wa suke.

Akwai kuma wani abu daga gwajin 2017. An naɗi bidiyo na awa 16 a kantunan biyu domin daidaita manhajar, wani ɓangarensa har da sauti, kuma an same shi a ajiye. Wannan bidiyo ne na zahiri, fuskokin mutane a fili. Sautin darasi ne na musamman ga masu kafa irin waɗannan alluna: yawancin ƙananan kyamarorin da ake saye a kasuwa suna zuwa da makirufo a jikinsu, kuma idan ba a kashe shi da gangan ba, manhajar naɗi takan ɗauka tare da hoto.

Sitika a bakin ƙofa

Hujjar kamfanin ta biyu ita ce ko da a ce bayanan sirri ne, an sanar da jama'a. A ƙofofin shiga akwai sitika da ke cewa ana ɗaukar bidiyo a harabar domin tsaro da kare lafiya, tana kuma nuni ga takardar manufofin sirri da ke shafin kamfanin a intanet.

Kwamishinonin ba su karɓi wannan ba, kuma dalilansu masu ƙarfi ne. Sitikar tsaro ta ambata, alhali kyamarar allon ba aikin tsaro take yi ba, aikin kasuwanci ne. Wanda ya karanta ta zai ɗaga kai ya ga kyamarorin da ke rataye a silin ya ce su ake nufi. Ita kuwa takardar manufofin, tsawonta ya kai kalma 5,000, kuma abin da kamfanin ke jingina da shi yana binne a tsakiyarta cikin kalmomi masu faɗi da ba su ambaci abin da ake yi ƙarara ba. Babu mai zuwa sayen riga da zai tsaya a ƙofa ya karanta wannan a wayarsa. Therrien ya bayyana cewa masu sayayya ba su da wani dalilin zaton ana ɗaukar hotonsu da kyamarar da ba a gani, kuma rashin izinin ya fi muni saboda fuska abu ne na dindindin a jikin mutum. Wanda aka sace wa kalmar sirri zai canza ta cikin minti biyu, katin banki a ba shi sabo, fuska kuwa ita ce dai har ƙarshen rayuwa.

Ƙa'idar da suka yi aiki da ita a ƙarƙashin dokar tarayya ta kare bayanan mutane, wato PIPEDA, da dokokin lardunan biyu mai sauƙi ce: idan bayanan masu haɗari ne, ko kuma tattara su ya saɓa wa abin da mai hankali zai yi tsammani a wurin, to shiru ba izini ba ne, shiga ƙofa ma ba izini ba ne. Sai an tambayi mutum a fili ya ce ya yarda. Suka ba kamfanin zaɓi biyu: ko dai ya nemi izini ƙarara tare da barin mutane su yi amfani da taswirar ba tare da an nazarci fuskarsu ba, ko ya daina.

A aikace zaɓin farko yana da wuya fiye da yadda yake a takarda. A ce allon ya nuna tambaya, mai neman shago ya danna ya yarda. Kyamarar tana ganin mutanen da ke bayansa, waɗanda ba a tambaye su ba. Tana ganin yaron da yake riƙe da hannunsa, wanda ba shi da ikon ba da izini. Sai dai a rufe idon kyamarar da murfi har sai an danna, a kuma taƙaita hangenta ga fuskar da ta fi kusa. Idan aka yi haka, ƙidayar ta rasa darajarta ga mai talla, domin abin da yake biya shi ne sanin dukan masu wucewa. A ganinmu wannan ne ainihin abin da lamarin ya tona: ribar tsarin ta dogara ne kan rashin tambayar mutane.

Binciken ya kuma duba bin sawun wayoyin hannu ta hanyar Wi-Fi na kantunan, amma a nan kamfanin ya fita. Lambar shaidar waya da ake kira MAC ana rikiɗa ta da lissafin da ba ya komawa baya, wurin da ake nunawa kuma yanki ne mai faɗi na ginin, don haka ba a ga an keta doka ba.

Abin da ya biyo baya

Cadillac Fairview bai yarda da hukuncin ba. Ya ce ya riga ya kashe tsarin tun Yulin 2018, ba shi da niyyar dawo da shi, kuma ya share lambobin fuskar in ban da abin da shari'a ta tilasta a riƙe. Sai dai ya ƙi yin alkawarin cewa zai nemi izini ƙarara idan wata rana ya sake kunnawa, kuma kwamishinonin sun faɗi damuwarsu kan haka a fili.

Ba a ci tarar kamfanin ko sisi ba, domin PIPEDA ba ta ba Kwamishinan tarayya ikon cin tara ba. Gwamnatin Kanada ta gabatar da ƙudurin C-11 a Nuwamban 2020 don gyara wannan, ya mutu da aka rushe majalisa saboda zaɓen 2021. Ƙudurin C-27 ya biyo baya a 2022, shi ma ya mutu a Janairun 2025. Lardin Quebec ne ya yi gaba shi kaɗai: dokarsa ta yanzu ta wajabta a sanar da hukumar lardin aƙalla kwana 60 kafin a fara aiki da rumbun bayanan halittar jiki, kuma tara na iya kai wa dalar Kanada miliyan 25 ko kashi 4 cikin ɗari na cinikin kamfani a duniya. A ɓangaren kotu, an shigar da ƙararraki a madadin masu sayayya, amma a 2025 babbar kotun British Columbia ta ƙi yarda ƙarar da ke gabanta ta ci gaba a matsayin ƙarar gama-gari. Hukuncin hukumar kare sirri daban, samun diyya a kotu daban, musamman idan mutum ba zai iya nuna cewa fuskarsa na cikin rumbun ba.

Lamarin bai zama na ƙarshe ba. A 2021 hukumar kare sirri ta Ostareliya ta samu kamfanin 7-Eleven da laifin tattara lambobin fuska ta allunan jin ra'ayin kwastomomi da ke shagunansa. A Fabrairun 2024 ɗaliban Jami'ar Waterloo a Ontario sun gano manhajar nazarin fuska a injinan sayar da alewa, jami'ar ta sa aka cire injinan.

Abin da ya ci Doma ba ya barin Awe. Allunan talla da kyamarorin da ake shigowa da su Najeriya daga kasuwar duniya ɗaya suke fitowa, kuma da yawa irin waɗannan manhajoji na zuwa a cikinsu. Dokar Kare Bayanai ta Najeriya ta 2023 ta sanya bayanan halittar jiki da ake gane mutum da su cikin bayanai masu haɗari, kuma hukumar kare bayanai ta ƙasa, NDPC, na da ikon cin tara. A ƙasar da fuska ke haɗe da lambar NIN da BVN, manhajojin banki kuma ke tantance mutum da hotonsa, rumbun lambobin fuska da aka manta da shi ba ƙaramin abu ba ne.

Ga mai kanti ko manajan gini da dillali ya kawo wa irin wannan allo, tambayar farko ita ce ko ana buƙatar kyamara kwata-kwata. Yawan masu shiga ana ƙidaya shi da na'urar haske a bakin ƙofa, ko da na'urar da ke silin tana kallon ƙasa, wadda kawuna take gani ba fuskoki ba. Abin da mutane ke nema kuma allon kansa ya san shi daga abin da ake dannawa. Idan an dage sai da kyamara, kada a tsaya kan kalmar dillali cewa ba a adana hoto. A nemi ya rubuta sunan kowane bayani da ke fita daga na'urar, da inda yake sauka, da tsawon kwanakin da zai yi a can. A sa ma'aikacin kwamfuta mai zaman kansa ya saurari abin da allon ke aikawa ta intanet na tsawon yini guda, ya buɗe rumbun ya duba ginshiƙansa. Dogon jerin lambobi masu ɗigo a gefen kowane layi alama ce ta lambobin fuska. A cire makirufo da hannu, ba ta manhaja ba. Bidiyon gwaji a yi shi da ma'aikatan da suka sa hannu, a sa masa ranar sharewa tun kafin a naɗa. A cikin yarjejeniya kuma a rubuta cewa duk lokacin da aka sauya kwamfutar ajiya ko kwangila ta ƙare, dillali zai share komai ya kawo shaida a rubuce, kuma mai kanti na da ikon aiko wanda zai tabbatar.